Karnuka marasa masu su a birane: cutarwarsu, haƙƙinsu da hanyar shawo kansu (misali daga Tamanrasset da Tahifet)

  

'Yan'uwa, duk wanda yake fita sallar asuba a manyan garuruwanmu ya san garken karnukan da suke kwana a bakin juji, ko bayan kasuwa, ko kusa da mahauta. Idan suka ciji yaro sai hankali ya tashi, a yi ta kiran a kashe su, a watsa guba ko a kawo maharba. Bayan wata shida kuma sai a ga garken ya dawo kamar ba a taɓa shi ba. Mun ga ya dace mu tattara bayani a kan wannan matsala wuri guda: inda karnukan suke fitowa, cututtukan da suke ɗauke da su, abin da shari'a ta ce, da hanyoyin da aka jarraba a ƙasashe daban-daban. Mun ɗauki yankin Tamanrasset na kudancin Aljeriya a matsayin misali, domin gari ne da Hausawa masu yawa suke zaune a cikinsa ko suke ratsawa, kuma a can ana ganin bambancin karen ƙauye da karen birni a fili.

Tamanrasset da ƙauyukanta

Tamanrasset tana cikin duwatsun Ahaggar, ƙasar Abzinawa, kimanin kilomita 2,000 kudu da Aljiyas babban birnin ƙasar, kuma kimanin kilomita 400 arewa da In Guezzam, bakin iyakar Nijar. Daga nan hanya take gangarawa Assamaka da Arlit da Agadas, har ta iso Damagaram da Kano. A shekarar 1905 ƙauye ne mai 'yan bukkoki kimanin ashirin. A ƙidayar 2008 mutanen ƙaramar hukumar sun haura 90,000, kuma garin bai daina faɗi ba tun daga lokacin.

Tahifet kuwa ƙauye ne a cikin duwatsun, arewa maso gabas da birnin, kuma a ƙarƙashin ƙaramar hukumar Tamanrasset yake. A irin waɗannan ƙauyuka na Ahaggar rayuwa ta dogara ne a kan lambunan bakin ƙorama da kiwon awaki da raƙuma. Kare a nan yana da aiki: yana bin awaki, yana korar dila, yana sanar da zuwan baƙo cikin dare. An san mai shi, abincin da zai samu kuma kaɗan ne, don haka yawansa ba ya wuce abin da wurin zai iya ɗauka. Abzinawa sun daɗe da sanin darajar kare mai aiki, har suna da dogon karen farauta siriri wanda duniya ta sani da sunan yankin Azawak.

A gefen birni lissafin ya sauya. Akwai juji mai faɗi, akwai ragowar abincin gidaje da barikoki da gidajen sayar da abinci, akwai kayan ciki daga wurin yanka, akwai gine-ginen da ba a gama ba inda karya za ta haihu babu mai damunta. Mai gadin wurin gini ya kawo ɗan kwikwiyo, aiki ya ƙare ya tafi ya bar shi. Makiyayi ya sayar da dabbobinsa saboda fari ya shigo gari, karensa ya biyo shi, ba shi kuma da aikin yi. Haka garken yake somawa, a Tamanrasset ne ko a Maraɗi ko a Kano.

Rabe-raben karnukan titi

Masana lafiyar dabbobi sun raba karnukan da muke gani a waje gida uku, kuma sanin wannan rabo shi ne matakin farko:

1. Karen da yake da mai shi amma an sake shi yana yawo, dare ko rana. A yawancin biranen Afirka da aka yi ƙidaya, waɗannan su ne suka fi yawa.
2. Karen unguwa, wanda babu mutum guda da zai ce nasa ne, amma mahauta ko masu gadi ko masu shayi suna jefa masa abinci, shi kuma yana gadin wurin.
3. Karen da ya koma na daji ɗungum, yana gudun mutane, yana rayuwa a juji ko bayan gari. Wannan shi ne mafi ƙaranci, amma shi ya fi wuyar kamawa, shi ne kuma yake haɗa garke ya faɗa wa awaki da barewa.

Cikin karya kwana 63 ne ko kusa da haka, tana iya haihuwar 'ya'ya huɗu zuwa takwas ko fiye, kuma 'yarta tana iya ɗaukar ciki kafin ta cika shekara. Mafi yawan 'yan kwikwiyon da aka haifa a titi suna mutuwa tun suna ƙanana saboda yunwa da cuta. Abin da yake ƙayyade adadin waɗanda za su rayu shi ne abinci da ruwa da mafaka. Sai bango ya tsage ƙadangare yake samun wurin shiga. Jujinmu shi ne tsagar.

Cuta ta farko: haukan kare

Ƙwayar cutar tana cikin yawun dabbar da ta kamu. Tana shiga jikin mutum ta cizo ko yagushi, ko idan dabbar ta lashi rauni ko ido ko baki. Daga nan take bin jijiya a hankali har ta kai ƙwaƙwalwa. Galibi tana ɗaukar wata biyu zuwa uku kafin alamu su bayyana, amma tana iya fitowa cikin mako guda, tana kuma iya kai shekara. Cizo a fuska ko wuya ko hannu ya fi sauri. Alamunta sun haɗa da zazzaɓi, da zugi a wurin cizon da ya riga ya warke, da firgita, da kasa haɗiyar ruwa, ko shanyewar jiki. Da zarar alamun sun fito, kusan babu mai tsira.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa cutar tana kashe mutum kimanin 59,000 a kowace shekara, kashi 95 cikin ɗari a Afirka da Asiya. Kusan kashi 99 cikin ɗari na masu kamuwa daga kare suke samunta, kuma kimanin huɗu cikin kowane goma yara ne 'yan ƙasa da shekara 15. Yaro gajere ne, cizo yana samunsa a fuska, sau da yawa kuma yana ɓoye abin da ya faru don tsoron duka.

A Aljeriya hukumomin lafiya sun daɗe suna bayyana cewa dabbobi suna cizon mutum kimanin 120,000 a shekara, mutum 15 zuwa 20 kuma suna rasuwa da cutar. Ta fi ƙamari a arewacin ƙasar inda jama'a suka fi cunkoso. Sai dai gari kamar Tamanrasset, da motoci da dabbobi suke shigowa daga arewa da kudu, ba zai dogara da nisansa ba, domin kare guda da ya ɗauko ƙwayar ba tare da alama ba ya isa ya kunna wutar. Haka abin yake a Najeriya, inda ake safarar karnuka daga arewa mai nisa zuwa kasuwar Dawaki ta jihar Filato, kuma likitocin dabbobi sun sha samun ƙwayar cutar a ƙwaƙwalwar karnukan da aka yanka alhali a ido lafiyarsu ƙalau.

Abin farin ciki shi ne cutar tana da riga-kafi. A watan Yuli na 1885 Louis Pasteur na Faransa ya yi wa wani yaro mai suna Joseph Meister allurar farko bayan mahaukacin kare ya cije shi, yaron kuma ya rayu. Saboda haka ne aka ware ranar 28 ga Satumba, ranar da Pasteur ya rasu, a matsayin ranar yaƙi da cutar a duniya. A Aljeriya Cibiyar Pasteur da ke Aljiyas ita ce jagora wajen gwaji da samar da allurar, a Najeriya kuma Cibiyar Binciken Lafiyar Dabbobi ta Ƙasa da ke Vom tana yin allurar karnuka.

Cuta ta biyu: ƙullutun ruwa a hanta da huhu

Wannan ta shafe mu kai tsaye saboda layya. Akwai wata 'yar ƙaramar tsila, tsawonta bai wuce 'yan milimita ba, da take zaune a hanjin kare. Ƙwayayenta suna fita cikin kashinsa, su faɗa kan ciyawa da ruwa da ganyen lambu. Tunkiya ko akuya ko saniya ko raƙumi ya ci, sai ƙullutu mai cike da ruwa ya fito masa a hanta ko huhu. Idan aka yanka dabbar aka jefa wa kare wannan sashen da ya lalace, sai tsilar ta sake girma a cikinsa, zagayen ya ci gaba.

Mutum yana kamuwa ne daga ƙwayayen da ke jikin gashin kare ko ganyen da ba a wanke ba ko gurɓataccen ruwa. Ƙullutun yana iya shekaru yana girma a hantarsa bai sani ba, kuma sau da yawa sai an yi tiyata. Cutar ta yaɗu a ƙasashen Magrib, shi ya sa a kowace Babbar Sallah hukumomin Aljeriya suke baza likitocin dabbobi suna duba layya, suna kuma gargaɗin kada a jefa hanta ko huhun da ke da ƙullutu a juji. Abin da ake so shi ne a ƙone shi, ko a binne shi a rami mai zurfi da kare ba zai tone ba. Mai jefa wa kare irin wannan hantar yana ganin sadaka ya yi, alhali cuta ya shuka wa 'ya'yan unguwa. Karen gida kuma a riƙa ba shi maganin tsutsar ciki a kai a kai bisa shawarar likitan dabbobi.

Abin da shari'a ta ce

Matsayin Musulunci a kan kare yana da ɓangarori da dama, kuskure kuma yana zuwa ne idan aka riƙe guda aka bar saura.

*Jin ƙai.* Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira (RA) labarin mutumin da ya shiga rijiya ya cika huffinsa da ruwa ya shayar da kare mai ƙishirwa, Allah Ya gafarta masa. Sun ruwaito irin wannan game da wata mata mai saɓo daga Bani Isra'ila. Sun kuma ruwaito labarin matar da ta shiga wuta saboda kyanwar da ta tsare, ba ta ciyar da ita ba, ba ta kuma sake ta ta nema da kanta ba. Aya ta 38 a Suratul An'am tana nuna mana cewa dabbobi al'ummai ne kamar yadda muke al'umma.

*Ajiye kare.* Hadisai ingantattu sun nuna cewa ladan mutum yana raguwa kullum idan ya ajiye kare ba don farauta ko kiwo ko gona ba. Aya ta 4 a Suratul Ma'ida ta halatta abin da horarren kare ya kamo. Malamai irin su Ibn Abdil Barr sun yi ƙiyasin gadin gida a kan waɗannan ukun idan akwai buƙata. Masu sharhin Risala sun kawo cewa shi kansa Ibn Abi Zaid Alƙairawani ya ajiye kare lokacin da katangar gidansa ta faɗi yana tsoron maƙiya, da aka tuna masa cewa Malik ya karhanta hakan, sai ya amsa da cewa da Malik ya riski zamaninsu da zaki ma zai ajiye. To amma wanda ya ajiye, ci da sha da magani sun hau kansa, haka ma tsare mutane daga sharrinsa. Malamanmu sun ɗora biyan ɓarna a kan mai mugun kare idan an gargaɗe shi ya ƙi ɗaukar mataki.

*Tsarki.* A mazhabar Malikiyya kare mai rai tsarkakakke ne, har da yawunsa, wanke ƙwarya sau bakwai kuma bauta ce da aka umarce mu da ita. Shafi'iyya da Hanbaliyya suna ganin najasa ce mai kauri, Hanafiyya kuma suna ganin yawun ne najasa. Ko a wajen masu cewa najasa ne, babu wanda ya ce wannan ya halatta azabtar da shi.

*Kisa.* Muslim ya ruwaito cewa Annabi (SAW) ya yi umarni da kashe karnukan Madina a wani lokaci, daga baya ya hana, in ban da wani nau'i da ya ware. Malamai sun saɓa a kan iyakar wannan hanin, wasu magabata sun tsaya a kan umarnin farko ga karnukan da ba su da aiki, amma Ibn Abdil Barr da malamai da yawa sun rinjayar da cewa ba a kashe wanda ba ya cutarwa. Abin da babu saɓani a kansa shi ne halaccin kashe kare mai cizo da mahaukaci. Yana cikin dabbobi biyar da aka yarda a kashe ko da a cikin Harami. Ko a nan ma, hadisin Shaddad ɗan Aus (RA) a Muslim ya wajabta kyautatawa wajen kisa, an kuma hana azabtarwa da wuta. Don haka jifa har ya mutu, da ƙonawa, da ja a bayan babur, da gubar da take sa dabba ta yi ta shure-shure na tsawon lokaci, duk sun saɓa wa shari'a.

*Fiɗiya.* Malaman fiƙihu sun halatta fiɗiye rago da bunsuru don maslaha. Malamai da yawa na wannan zamani sun halatta hana kare da kyanwa haihuwa idan yawansu ya zama cuta, da sharaɗin likita ne zai yi, da allurar kashe zafi, domin ƙaramar cuta ce da ake tunkuɗe babba da ita.

Me ya sa kisan kan-mai-uwa-da-wabi ba ya aiki?

A Aljeriya dokar ƙananan hukumomi ta 2011 ta ɗora wa shugaban baladiya alhakin hana yawon dabbobi masu cutarwa, dokar 1988 kuma ita ce ta tsara aikin likitocin dabbobi. A aikace, hanyar da aka fi bi shekara da shekaru ita ce farautar dare da bindiga, ko kamawa a kai ma'ajiyar karnuka a kashe. Mutanen Aljiyas suna kiran masu kamun da suna "galufa" tun zamanin mulkin Faransa, kuma ƙungiyoyin kare haƙƙin dabbobi na ƙasar sun daɗe suna kuka da yadda ake kisan. Duk da wannan dogon tarihi, cizo bai ƙare ba, cutar ma ba ta ƙare ba. Dalilai uku ne:

Na ɗaya, idan aka kashe rabin garke alhali juji yana nan, abincin kowane kare ya ninka, 'yan kwikwiyo da yawa suna rayuwa, wasu karnuka kuma suna shigowa daga waje su cike gurbin.

Na biyu, waɗanda suka fi saurin faɗawa hannu su ne masu sabo da mutane, waɗanda za a iya yi wa allura ko an riga an yi musu. Masu gudu da faɗa su suke saura.

Na uku, idan mutane suka ji za a kashe, sai su ɓoye karnukansu ko su kai su wani gari, tare da cutar idan akwai. Ana maganin ƙaba kai yana kumbura. Guba kuma ba ta zaɓe: tana kashe kyanwa da ungulu da karen makiyayi, tana iya kaiwa ga yaro.

Tarihi ya tabbatar da wannan. A 1910 hukumomin Istanbul suka kwashe dubun-dubatar karnuka suka zube su a wani tsibiri mara ruwa a tekun Marmara, suka mutu da yunwa da ƙishirwa, a garin da a da masu hali suke yin waƙafi don ciyar da dabbobin titi. Mutanen garin ba su manta da abin kunyar ba har yau, karnukan kuma sun dawo. A tsibirin Bali na Indunusiya cutar ta ɓulla a 2008, aka kashe karnuka sama da 100,000, amma mutum fiye da ɗari suka rasu. Ba ta lafa ba sai da aka koma yin allura gida-gida daga 2010.

Hanyar da aka jarraba ta yi aiki

*Allurar kashi 70 cikin ɗari.* Idan aka yi wa bakwai cikin kowane kare goma allura a yanki, aka maimaita duk shekara, ƙwayar ba ta samun inda za ta tsallaka. Misali mafi kusa da mu shi ne Injamena ta ƙasar Chadi. A 2012 da 2013 aka yi gangamin allura kyauta a unguwanni, aka kai sama da kashi 70, cutar ta ɓace daga birnin na kimanin wata tara a 2014. Daga baya ta dawo ta hanyar karnukan da aka shigo da su daga waje, abin da ya nuna cewa dole birni ya haɗa da ƙauyukansa. A Tamanrasset wannan yana nufin motar likitan dabbobi ta kai har Tahifet da sauran ƙauyukan dutse da masaukan makiyaya. Ƙasar Meziko ta bi wannan hanya shekaru da dama, har a 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar da cewa ta kawar da mutuwar mutane daga haukan kare. Burin da hukumomin duniya suka sa shi ne a kai ga haka ko'ina nan da 2030.

*Kamawa, fiɗiyewa, allura da mayarwa.* Ana kama karen unguwa, likita ya hana shi haihuwa, a yi masa allura, a sa masa alama a kunne, a mayar da shi inda aka ɗauko shi. Yana tsare wurinsa daga baƙin karnuka, faɗan barbara yana raguwa, garken kuma yana raguwa da kansa a hankali. Birnin Jaipur na Indiya ya fara wannan a 1994 ya kuma ga raguwar cizo da mutuwa. Indiya ta mayar da shi doka a 2001, Turkiyya a 2004, Maroko kuma ta sa hannu a kan yarjejeniyar yin haka a 2019. Sai dai hanya ce mai tsada da take buƙatar haƙuri. Idan aka yi wa 'yan kaɗan aka tsaya, babu abin da zai sauya, jama'a kuma su yanke ƙauna. A Turkiyya, bayan ƙorafin hare-hare ya yi yawa, majalisa ta sauya dokar a 2024 ta umarci a tattara karnuka a matsugunai, muhawara kuma tana ci gaba a can.

*Rufe hanyar abinci.* Katange juji, kwashe shara a kan lokaci, rufe mazubi, da hana zubar da kayan ciki a bayan mahauta. Wannan shi ne mafi arha, shi ne kuma yake rage ɓera da ƙuda a tare. A yi shi daki-daki tare da fiɗiya, domin yanke abinci farat ɗaya yana tura garke mai yunwa cikin gidaje da garkunan awaki.

*Alhakin mai kare.* Rajista, allura duk shekara, ɗaurewa ko killacewa a inuwa da ruwa, da hana zubar da 'yan kwikwiyo a bayan gari.

*Kashe wanda ya zama dole.* Mahaukaci, da wanda ya saba faɗa wa mutane, da mai ciwon da ba ya warkewa. Hukuma ce za ta yi, ta hannun likita, ta hanya mafi sauri.

A Ahaggar akwai ƙarin dalili. Tun 1987 aka ware yankin a matsayin gandun da doka ta kare, kuma a cikinsa akwai barewa da ragon dutse da wata damisar sahara mai gudu wadda 'yan kaɗan suka rage a duniya. Karnukan da aka zubar a bayan gari suna farautar waɗannan dabbobi suna kuma kai musu cuta. Kwashe karnuka daga birni a zube su a daji ba cinya ba ce, ƙafar baya.

Idan kare ya ciji mutum

1. A wanke raunin nan take da sabulu da ruwa mai gudu na tsawon minti 15 cur. Wannan kaɗai yana rage haɗari sosai.
2. A shafa maganin kashe ƙwayoyin cuta irin su aidin. Kada a sa barkono ko toka ko ƙasa ko gashin karen, kada kuma a ɗaure raunin tamau.
3. A tafi asibiti a ranar, ko da yagushi ne. Za a tsara allurai a ranaku daban-daban, idan raunin mai zurfi ne kuma a ƙara da wata allurar garkuwa a kewayensa. A Aljeriya ana yin wannan kyauta a cibiyoyin lafiya na gwamnati.
4. A kammala alluran duka. Mai ciki da mai shayarwa da jariri duk ana yi musu.
5. Idan an san karen, a tsare shi likitan dabbobi ya sa masa ido na kwana 10 zuwa 15 gwargwadon dokar ƙasa, amma ba a jiran sakamako kafin a fara allura.
6. Addu'a da ruƙya alheri ne, a haɗa su da zuwa asibiti.

Muna jan hankalin 'yan'uwanmu 'yan ci-rani musamman. Da yawa suna kwana a wuraren gini da bayan gari, inda garken yake, kuma tsoron a tambaye su takardu yana sa su zauna da rauni. Duk wahalar da zuwa asibiti zai jawo ba ta kai ta wannan cuta ba. Shugabannin al'umma su raka wanda ba ya jin Larabci ko Faransanci.

Yara kuma a koya musu: kada su jefi kare, kada su taɓa mai cin abinci ko karya mai jego, kada su ruga idan ya taso, su tsaya cik hannu a jiki ba tare da kallon idonsa ba. Mu tabbatar musu cewa babu duka idan suka faɗi cewa kare ya cije su ko ya yagushe su.

Rawar masallaci da unguwa

Liman zai iya ware huɗuba guda kafin Babbar Sallah a kan hanta da huhun layya, wata kuma a ƙarshen Satumba a kan cizon kare. Kwamitin masallaci zai iya ba da harabarsa ta waje ranar allura, ya yi shela bayan sallah, ya haɗa kai da sarkin fawa a kan ramin binne kayan ciki. Malaman Islamiyya da na allo su hana yara wasan jifan karnuka, domin zalunci ne kuma shi ne sanadin cizo da yawa. Masu hali su sani cewa kuɗin allurar karnukan unguwa guda bai kai na jinyar mutum kaɗan ba, kuma sadaka ce da take tsare rai. Mu kuma talakawa, idan za mu kai kuka wajen hukuma, mu nemi a katange juji a kawo likitan dabbobi, kada buƙatarmu ta tsaya ga a kawo guba.

Muna roƙon Allah Ya tsare mu da iyalanmu daga annoba da mugun ciwo, Ya sa mu cikin masu jin ƙan halittunSa. Allah ne Mafi sani.